Mai majigin unguwarmu da daren da muka saurari 'yan matan Tehran

Shekara 9 ke nan muna kai ziyara ɓangaren mata na gidan yari, ni da matan da muke karatun Asabar tare. Ba mu da rajista, ba mu da hatimi, kowa takan kawo abin da Allah ya hore mata. Kafin azumi da kafin babbar salla mukan haɗa sabulun wanka da na wanki, audugar mata, man shafawa, garin kwaki, sukari da silifas, wani lokaci kuma mu biya wa mutum biyu ko uku tarar da ta hana su fita. Abin da ya daɗe yana ci mini rai shi ne yadda ziyarar take tafiya. Mu jera kaya a kan tabarma, malamarmu ta yi nasiha, a yi addu'a a shafa, mu fito. Su kuwa suna zaune kai a sunkuye, ba abin da ke fita bakinsu sai "mun gode, Allah ya saka da alheri". A duk tsawon shekarun nan ban taɓa jin ɗayarsu ta yi magana ta minti biyar a jere ba. Lokaci ƙayyadadde ne, ga ma'aikata a tsaye, ga kunya.

Da na yi wa ɗan ƙanwata wannan ƙorafi, sai ya ce, "Inna, akwai fim ɗin da ya kamata ku gani, ke da mutanenki." Fim ne na gaskiya, babu ɗan wasa ko ɗaya a cikinsa. Wani Ba'iraniye mai suna Mehrdad Oskouei ya yi shi, ya fito a 2016. Sunan da aka san shi da shi a waje Starless Dreams, amma sunansa na Farisanci ya fi kusa da a ce mafarkin goshin asuba. Shekara 7 mutumin ya yi yana neman izini kafin a bar shi ya shiga gidan da ake tsare 'yan mata masu ƙananan shekaru a gefen birnin Tehran, da izinin ya zo kuma kwana 20 kacal ya samu. Yaron ya biya kuɗin hayar fim ɗin ta intanet da katinsa. Saura yadda mata 40 za su kalle shi, ga shi da Farisanci ake magana, fassarar da ke bi ta ƙasa kuma Turanci ce mai gudu, wadda ko mu da muka yi boko sai mun ƙura ido.

Wannan ne ya kai ni shagon mai majigi. Ba zan kama sunansa ba, domin zan faɗi inda ya kuskure. Matashi ne, shagonsa na bayan kasuwar unguwarmu, yana ba da hayar kayan kallo da na sauti ga masu biki, masu walima da samarin da ke haɗa kallon ƙwallo. Shi furojakta yake ce wa na'urar, ni kuwa bakina ya saba da majigi, tun muna yara motar hukuma take zuwa filin firamare da daddare, a kafa farin ƙyalle a nuna mana tsafta da zuba taki. Muka yi ciniki: na'ura, allon yadi, lasifika biyu, makirfo da janareto a kan naira 30,000, fetur a wuyana. Ya ce yana da mai fassara kai tsaye, 10,000. Na ba da rabi kafin alƙalami, ya rubuta mini rasit ba tare da na tambaya ba, abin da ba kasafai ake samu ba.

Ranar farko sun zo bayan La'asar kamar yadda muka yi. Suka rataya allo a jikin katangar tsakar gidana, iskar hunturu tana ta kaɗa shi, suka ɗaure ƙasansa da igiya suka danne da bulo biyu. Kafin Magariba hoton a dishe yake, amma ana idar da Isha'i ya fito tas, har ana ganin tururin bakin mutum a cikin sanyi. A ɓangaren hoto ba ni da abin cewa. Janareton ne wayarsa ta yi gajarta, dole aka ajiye shi a soro, ƙararsa na shigowa har inda muke.

Mai fassarar yaro ne da ya goge a fassarar finafinan Indiya, irin wadda mutum ɗaya ke yin muryar jarumi da ta jaruma da ta mugu, yana ƙara gishiri yana sako karin magana. A can wannan gwaninta ce, ni ma ina jin daɗinta. Da aka nuno 'yan matan suna wasa da dusar ƙanƙara a harabar gidan, ya ce ga ƙanƙara kyauta mu nan muna saye da tsada, aka yi dariya, ban ce komai ba. Ya shiga maƙale murya yana yin ta mata, ya raɗa wa wannan suna, ya sa wa waccan tsiwar da ban ga alamarta a fuskarta ba. Can sai aka zo kan wata yarinya tana zaune, idonta a ƙasa, mai fim ɗin ya yi mata tambaya daga bayan kyamara, ta ba shi gajeriyar amsa. Yaron nan ya ja murya ya ce "wayyo ni 'yasu", ya ɗora wata doguwar magana a kai. Dariya ta tashi daga baya. Ni kuwa ƙirjina ya buga, don na hango rubutun da ya gifta a ƙasa.

Na miƙe na ce a tsayar.

"Ɗana, ita yarinyar haka ta ce?"

"Hajiya, kusan haka ne. Na ɗan gyara ne don kada iyayenmu su yi gyangyaɗi."

"Mayar da shi baya. Faɗa mana abin da ta ce, kada ka ƙara kada ka rage."

Aka mayar. Ya karanta, ya yi ɗan jim, sannan ya faɗa da muryarsa ta ainihi: "Ya tambaye ta mene ne burinta. Ta ce ta mutu."

Tsakar gidan ya yi tsit, sai ƙarar janareto. A lokacin ne ma na lura ya rage sautin fim ɗin har ƙasa, tun da aka fara ba mu ji muryar yarinya ko ɗaya ba, tasa kaɗai muke ji. Na ce a tattara, mun gode. Aka raba kunun da aka dama, kowa ta kama hanya. Na kwana da ɓacin rai, don na tara mutane su ji abin da ba mu taɓa samun ji ba, sai ga shi an sake rufe wa masu maganar baki, a cikin gidana kuma da kuɗina.

Abin da mai shagon ya yi washegari shi ya sa nake wannan rubutu da niyyar yaba masa. Da hantsi ya yi sallama, ya durƙusa a bakin ƙofar falo ya ajiye dubu goman fassara a gabana. Bai ɗora wa yaronsa laifi ba. Ya ce, "Mama, ni ne ban tambaye ki wane irin fim ba ne. Na ɗauka duk fassara ɗaya ce." Ya ce yana da ƙanwa da ke karanta Turanci a kwalejin ilimi, in na amince a ba shi mako guda ta kalli fim ɗin a tsanake ta rubuta abin da aka ce. Kayan kuma zai sake kawowa ba ƙarin ko sisi.

Asabar ta zagayo. Wannan karon sun makara da kusan minti 40, har na fara kiran waya, amma sun zo da batir da inbata maimakon janareto. Mazan suka haɗa komai suka koma soro suka zauna, aka bar mu mu kaɗai, wanda hakan ya sa wasu suka sauke hijabi suka miƙe ƙafa. Ƙanwar tasa ta zauna kusa da kwamfuta da littafin rubutu cike da Hausa, shafi bayan shafi. Ta bar sautin fim ɗin yadda ake jin komai, har jan hanci da haɗiyar yawu. Takan jira yarinya ta gama maganarta, sannan ta faɗa mana da muryarta ta kullum, ba kuka ba wasa. Inda magana ta yi tsawo sai ta tsayar da hoton. Fim mai minti 76 ya ɗauke mu kusan awa biyu, ban ga wadda ta tashi ba sai mai goyon da ɗanta ya farka.

Tun kafin a fara wata daga cikinmu ta raɗa mini, "Hajiya, Iran fa, ba na 'yan Shi'a ba ne?" Na ce mata na yara mata ne da aka kulle, ta kalla tukuna. Ba ta sake tayar da zancen ba. Ɗakin da 'yan matan fim ɗin suke kwana babba ne, gadaje masu hawa biyu a jikin bango, a tsakiya ake shimfiɗa doguwar leda a zauna a ƙasa a ci abinci, kowacce da ɗankwalinta a ka. Jefi-jefi kunnenmu na tsintar kalmar da muka sani, salamu, duniya, insha Allahu. Laifuffukan da suka kawo su manya ne: sata, safarar ƙwaya, gudu daga gida, har da kisan kai. Amma da zarar yarinya ta buɗe baki sai ka ga abin da ke bayan laifin, uban da ƙwaya ta cinye, uwar da ba ta yarda da 'yarta ba, ɗan uwa na jini da ya keta mata haddi a cikin gida. Wata ta ce a kira ta Ba Kowa. Wata kuma sunanta 651, wato nauyin giram ɗin ƙwayar da aka kama ta da ita. Akwai wadda ita da uwarta da 'yar'uwarta suka haɗa baki suka kashe mahaifinsu, tana ba da labarin a hankali, kuma ƙanwar mai majigi ta isar mana da shi a hankalin nan, ba ta wanke ta ba, ba ta kuma ƙara mata baƙi ba.

Wuri biyu ne suka tsaya mini. Na farko inda aka gane cewa shi mai fim ɗin yana da 'ya sa'arsu. Wata ta fashe da kuka, ta nuna masa bambancin yadda tasa 'yar take tashi cikin gata da yadda su suka tashi cikin ƙazanta. A tsakar gidana kusan kowa na da 'ya ko jika mai shekara 16, na ga hannuwa suna kai bakin mayafi ido. Na biyu inda wani malamin addini ya zo ya ja su salla, bayan an idar suka yi masa ruwan tambayoyi a kan me ya sa hukunci bai daidaita tsakanin namiji da mace ba, me ya sa uban da ya kashe ɗansa ba ya fuskantar abin da ɗan da ya kashe uba ke fuskanta. Amsar da ya ba su ba ta kai girman tambayar ba. Malamarmu, wadda ta fi shekara 30 tana karantarwa, ta ce mini daga baya, "Yaya, da ni aka yi wa tambayoyin nan, da sai na nemi a ba ni mako guda in koma littafi. Kuma ni ban taɓa tsayawa an tambaye ni ba."

An yi dariya a daren nan, sosai ma. Akwai inda 'yan matan suke kwaikwayon mai fim ɗin, wannan ta zama mai tambaya waccan mai amsa, suna maimaita irin tambayoyinsa suna ƙyaƙyatawa, akwai inda suke waƙa da kiɗa. Muka yi dariya tare da su, a inda su suka ga abin dariya. Da aka bar musu bakinsu ashe ba sa buƙatar mai ƙara musu armashi.

Ba komai na fim ɗin ne ya kwanta mini ba. Namiji ne babba yake tambayar yara abin da ko uwa sai ta yi dabara kafin ta tambaya, wasu tambayoyin kuma a tsaye suke kamar mashi. Fuskokinsu a buɗe, duk duniya na gani. Fim ɗin ya ci kyautar ƙungiyar kare haƙƙin ɗan Adam ta Amnesty a bikin finafinai na Berlin a 2016, ya ci wata a Landan, amma ni tunanina na kan yarinyar da za ta koma unguwarsu bayan ta ambaci abin da kawunta ya yi mata. Duk da haka ban ga inda ya wulaƙanta su ba, kuma a fili yake sun saki jiki da shi. An ɗauki fim ɗin ne dab da Nowruz, sabuwar shekarar Iraniyawa da ke kamawa wajen 21 ga Maris, lokacin da kowa ke son ya ganshi a gida. A nan ne abin da ban zata ba ya fito: wasunsu tsoron ranar fita suke yi fiye da zaman, domin gidan da za a mayar da su shi ne inda suka gudo.

Da aka kashe na'ura, kafin a kunna fitila, wata murya ta ce daga gefen rijiya, "Wallahi haka ne." Wata baiwar Allah ce da muka biya wa tara shekara 3 da suka wuce, tun daga nan take zuwa karatu, kullum a layin baya, gaisuwa kawai ke haɗa mu. Rikicin kuɗin adashe ne ya kai ta, ta yi wata 14 tana jiran shari'a kafin a yanke mata hukuncin da bai kai rabin haka ba. Ba wanda ya tambaye ta. Ta fara magana, ta yi fiye da minti 20. Ta faɗi ƙidayar safe da ta yamma, da ƙarar mukullai da har yau in ta ji sai gabanta ya faɗi. Ta faɗi gabza, da yadda garin kwakin da muke kaiwa yake zama kuɗi a ciki, a yi musayarsa da sabulu ko wankin kaya. Ta faɗi jaririn wata da duk ɗakin ke goyo bi da bi, ranar da dangin uban suka zo suka karɓe shi kuwa ba wadda ta iya cin abinci. Ta faɗi yadda ake wanka da asuba a sa zanen da ya fi kyau ranar kotu, a je a dawo da kalma ɗaya, an ɗage.

Takardar sakin da mijinta ya yi mata a can ta same ta. 'Ya'yanta kuwa ce musu aka yi ta tafi Makka aikatau. Ranar da ta fito, kuɗin motar da muka damƙa mata a bakin ƙofa ba ta hau mota da su ba. Ta tsaya a kasuwa ta sayi dabino da carbi uku, don kada wadda ta dawo daga Makka ta shiga gida hannu rabbana, sannan ta taka da ƙafa har unguwarsu. Ni ce na miƙa mata kuɗin nan da hannuna, na ce Allah ya kiyaye gaba, na juya na shiga mota. Shekara 3 muna zama a tabarma ɗaya ban san wannan ba.

Mu Hausawa gidan maza muke ce wa gidan yari, kuma ko Kurmawa aka ambata ko Goron Dutse hoton maza ne ke zuwa wa mutum. A ƙidaya ma haka abin yake, mata ba su wuce kimanin 2 cikin 100 na waɗanda ke tsare a Najeriya ba, shi ya sa in ka cire wurare ƙalilan irin na mata zalla da ke Kirikiri a Legas, yawanci wani lungu ake yanka musu a cikin gidan da aka gina don maza. Kusan biyu cikin uku na dukkan waɗanda ke tsare kuma jiran shari'a suke, kamar yadda ita ta yi. Tun Disambar 2010 Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da ƙa'idojin Bangkok, guda 70, a kan yadda za a kula da mata fursunoni, daga audugar al'ada har zuwa masu ciki da masu shayarwa. A 2019 aka sa hannu a dokar da ta mayar da sunan gidan yari gidan gyaran hali. Duk na san waɗannan, na sha faɗarsu a taro. Labarin carbi uku kuwa sai da yarinyar nan ta zauna da littafinta ta bar 'yan matan Tehran suka yi magana, sannan ya samu hanyar fitowa.

Ga wadda take son ɗaukar irin wannan haya, mai majigin nan na yarda da shi, amma ki faɗa masa tun farko cewa fim ɗin gaskiya ne, kuma ki nemi a kalle shi a rubuta fassarar kafin ranar. Ki ce batir kike so, ko kuma a zo da doguwar waya a kai janareto bayan gida, don mutanen da ke irin wannan fim ƙasa-ƙasa suke magana. Batirin nasa da kyar ya kai mu ƙarshe, fitilarsa ta fara ja ana saura kaɗan, in fim ɗin ya fi haka tsawo sai an yi tanadi. Allon yana da tabon ruwa a kusurwar hagu, ana ganinsa duk inda hoto ya yi fari, na gaya masa ya ce zai kai wanki. Kujeru ba sa cikin ciniki, mu tabarmi da darduma muka shimfiɗa. Kada kuma a fara kafin Isha'i.

Dubu goman da ya dawo mini da su na ba ƙanwar tasa a hannunta, na ƙara mata biyar. Ta ƙi karɓa sai da na ce ni uwa ce. Oskouei ya sake komawa irin wannan gida ya yi wani fim a 2019, Sunless Shadows, a kan 'yan matan da aka ɗaure saboda kisan uba ko miji ko wani namiji na gida, wasunsu iyayensu mata ma suna tsare. Na riga na ba da kafin alƙalami na Asabar ta biyu bayan salla. Yarinyar ta ce a ba ta mako biyu wannan karon, kuma ta roƙi baiwar Allahn nan ta zo su zauna tare ranar da za ta rubuta, don akwai kalmomin cikin gidan da ba ta san yadda ake faɗarsu da Hausa ba. Ta amsa za ta je.